Kun Tambaya, Mun Amsa: Likitocin Jiragen Yaƙi a Zamanin Filafilai

Wasiƙun wannan wata sun karkata ga likitocin sojan ruwa na zamanin da iska ce ke tura jirgi. Yawancin misalanmu daga rundunar ruwan Ingila suke, domin an wajabta wa likitocinta rubuta aikinsu na kullum, kuma da yawa daga cikin littattafan nan suna ajiye har yau a gidan adana tarihi na Kew da ke Landan.

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni ma'aikacin ɗakin tiyata ne. Yaya ake yanke hannu ko ƙafa a cikin jirgi ana tsakiyar yaƙi, alhali babu allurar barci? Daga Jekadafari, Gombe.

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam. Ido biyu ake yi, domin sai a 1846 aka fara nuna a bainar jama'a yadda ake sa majiyyaci barci don tiyata, a Boston ta Amurka. Da an buga gangar yaƙi, likita da mataimakansa sai su sauka can ƙasan jirgi, ƙasa da fuskar ruwa, inda harsashin igwa bai cika kaiwa ba. Babu taga, sai fitilun kyandir. A haɗa akwatunan ƙananan hafsoshi, a shimfiɗa ƙyallen filafili a kai, teburin tiyata ya samu ke nan. A watsa yashi a ƙasa saboda santsin jini, a ajiye bokitan ruwa da wani babu komai ciki, na zuba abin da aka yanke.

Farko a ɗaura maɗaurin jini a saman rauni, irin mai marfin murɗawa wanda Bafaranshe Jean-Louis Petit ya ƙirƙira a 1718. Ƙarti su danne mutum, a cusa masa fata a baki ya ciza. Likita ya zagaye gaɓar da lanƙwasasshiyar wuƙa ya yanke fata, mataimaki ya ja fatar sama, sannan a yanke tsoka a ɗan sama da wurin. Sai a sa tsagaggen ƙyalle ko fata a janye naman, a sa zarto a ƙashi can sama. Dalilin wannan hawa-hawa shi ne a bar naman da zai rufe bakin ƙashi. In aka yanke komai a layi ɗaya, tsoka ta ja da baya, ƙashi ya leƙo, dungun ba zai warke ba. Yankan kansa bai wuce 'yan mintoci ba. Abin da ke cin lokaci shi ne jijiyoyin jini: a zaƙulo kowace da 'yar ƙugiya, a ɗaure ta da zaren da aka shafa wa kakin zuma, a sassauta maɗauri a hankali a ga ko akwai wadda aka manta. Ana barin zaren da tsawo yana reto waje, sai ya saki da kansa a zare shi. Barasa da ruwan ofiyom su ne kawai maganin zafi.

Inda ake samun matsala wuri uku ne. Zare kan kama jijiyar da ke kai saƙon ciwo tare da ta jini. Haka ta faru da Horatio Nelson, babban hafsan sojan ruwan Ingila, da aka yanke masa hannun dama a Tenerife a Yulin 1797: ya yi watanni cikin azaba kafin zaren ya fita. Shi ne kuma ya koka da sanyin wuƙar, har ya ba da umarni a riƙa ɗumama kayan aiki da ruwan zafi. Na biyu, zare kan ruɓe bayan kwanaki, jini ya ɓalle da dare. Na uku kuma mafi muni, ruɓewar rauni da cutar sarƙewar haƙora, domin wuƙa ɗaya da soso ɗaya ake bin kowa da su, ba a san ƙwayoyin cuta ba. Yawancin raunukan ma sartsen katako ne da ke fantsama idan harsashi ya fasa jikin jirgi, ya shige nama da tsumman riga.

Wani abin da zai ba ka haushi, Malam: bisa al'ada wanda ya riga zuwa shi ake fara dubawa, don haka mai zubar jini kan mutu a layi. Duk da haka, a yaƙin Trafalgar na 21 ga Oktoba 1805, a jirgin Victory an kashe mutum 57, an raunata 102, kuma mafi yawan masu raunin sun rayu a hannun likita William Beatty.

Tambaya: Malaminmu ya ce cuta ta fi yaƙi kashe sojojin ruwa. Da gaske ne? Ɗalibar aikin jinya, Yelwa, Bauchi.

Amsa: Malaminku ya yi gaskiya, Malama, da tazara mai nisa ma. Hafsan sojan ruwa George Anson ya bar Ingila a 1740 da mutum kusan 1,900, kafin ya dawo a 1744 kimanin 1,400 sun mutu, akasari da cuta. Babbar cikinsu ita ce sikabi, wadda rashin bitamin C ke kawowa. Abincin jirgi naman gishiri ne da busasshen biskit da wake. Bayan wata biyu zuwa uku babu ɗanyen ganye ko 'ya'yan itace, sai kasala ta fara, dasashi ya kumbura yana jini, haƙora su yi girgiɗi, jiki ya yi tabo baƙi-baƙi, tsohon raunin da ya warke shekaru ya sake buɗewa.

A 1747, a jirgin Salisbury, likita James Lind ya ware masu cutar 12, ya raba su biyu-biyu, abincinsu iri ɗaya. Wasu ya ba su giyar tuffa, wasu khal, wasu ruwan teku, wasu ruwan asid mai rauni, wasu haɗin tafarnuwa da kayan yaji, biyu kuma lemun zaƙi biyu da na tsami ɗaya kullum. Kwana shida lemun ya ƙare, amma ɗaya daga cikin biyun har ya koma bakin aiki. Lind ya buga sakamakon a 1753, sai dai rundunar ba ta fara raba ruwan lemun tsami ga kowa ba sai 1795, da matsin likita Gilbert Blane. Ana yawan ɗora wa hukuma laifin jinkirin, amma Lind ma yana da nasa kason: ya ba da shawarar a dafa ruwan lemun har ya yi kauri don ya daɗe, zafi kuwa yana lalata bitamin ɗin, sai waɗanda suka gwada suka ce ba ya aiki.

Ban da sikabi akwai zazzaɓin ƙwarƙwata da sababbin ɗauka ke shigowa da shi a tsummokaransu, da shawara a tsibiran Karebiyan, da gwaiwa saboda jan igiya da ɗaga ganguna, da karaya daga faɗowa. A ganinmu likitan kirki a jirgi shi ne wanda ya dage a ƙone kayan sabon ɗauka, a shanya shimfiɗu, a busar da ƙasan jirgi, a sayo ganye duk inda aka tsaya. Wannan ya fi zarto ceton rai.

Tambaya: Shin manyan likitoci ne, ko dai wanzamai? Daga Azare.

Amsa: Tsakani suke, Alhaji. A Landan masu fiɗa da masu aski ƙungiyarsu ɗaya har 1745, kuma likitan jirgi yana tsaga jijiya ya zubar da jini, yana yin ƙaho da kofin gilashi, yana cire haƙori. Yakan fara da koyo a hannun wani, ya ci jarrabawar baki, ya shiga a matsayin mataimaki. Da kuɗinsa yake sayen akwatin kayan aiki, har da magunguna kafin 1805, shekarar da aka ƙara musu albashi aka ba su kayan sarki. Har zuwa 1795 duk wanda ya zo da ciwon sanyi ko tunjere sai an cire masa sule 15 an ba likita, abin da ya sa da yawa suke ɓoye ciwon har ya ci ƙarfinsu.

Tambaya: Akwai wanda ya taɓa zuwa ƙasarmu a cikinsu? Daga Dadin Kowa.

Amsa: Akwai, a ƙarshen zamanin, lokacin da jirage suka fara haɗa filafilai da injin tururi. Ayarin Turawan da ya shigo kogin Kwara a 1841 ya yi asarar mutum fiye da 40 ga zazzaɓi. A 1854 likitan sojan ruwa William Balfour Baikie ya karɓi jagorancin jirgin Pleiad bayan rasuwar John Beecroft, wanda da shi ne zai jagoranci tafiyar, ya haura Binuwai, kogin da Gongolanku ke zuba a cikinsa a Numan, har ya kai ƙasar Muri. Abin da ya yi daban shi ne ba mutanensa kwinin kullum tun kafin zazzaɓi ya kama su, maimakon jiran a kwanta, kuma ko mutum ɗaya bai mutu ba. Bai san sauro ne ke kawo cutar ba, domin sai a 1897 Ronald Ross ya tabbatar da haka. Daga baya Baikie ya zauna a Lokoja, yana duba marasa lafiya yana nazarin Hausa, ya rasu a Saliyo a 1864 a kan hanyarsa ta komawa gida.