Limaman cocin Faransa sun bi Jamus ne a yaƙin duniya na biyu?

Dan uwa, ka tambaya ko malaman addinin Faransa sun mara wa Jamus baya. Gaskiya kansu ya rabu. A 1940 yawancin bishop-bishop na Katolika sun yi wa Marshal Petain, shugaban gwamnatin Faransa da ta haɗa kai da Jamus, mubaya'a, don a ganinsu biyayya ga hukuma wajibi ce, amma da aka fara cusa Yahudawa a jiragen ƙasa har da yara ana miƙa su ga Jamus, Babban Bishop Saliege na birnin Tulus ya rubuta wasiƙa aka karanta a coci-coci ranar 23 ga Agusta 1942, yana tir da abin. A ƙauyen Le Chambon kuma Fasto Trocme da mutanensa ɓoye Yahudawa suka riƙa yi a gidaje da gonaki.

Kar ka yi musu kuɗin goro, nan mutane ke kuskure. In bincike kake, nemi malamin tarihin Turai a jami'a, alƙaluman intanet sun cika saɓani.