Tambaya da Amsa: Shin an yi Tukaram da gaske?

Tambaya: Malam, na kalli wani tsohon fim ɗin Indiya marar launi mai suna Sant Tukaram, inda wani talaka yake ta rera waƙoƙin yabo ga abin bautarsa, matarsa kuwa tana ta faɗa saboda babu hatsi a gida. Shin an yi wannan mutum, ko ƙagen masu fim ne? Daga wata mai karatu a Zariya.

Amsa: Malama, an yi shi. Tukaram mawaƙin addinin Hindu ne da ya rayu a ƙarni na 17 a ƙauyen Dehu, kusa da birnin Pune a jihar Maharashtra. Ɗan kasuwa ne da ya karye, sannan yunwar da aka yi wajen 1630 ta ci matarsa ta fari da ɗansa, daga nan ya duƙufa ga waƙe Vitthal, abin bautar da haikalinsa yake Pandharpur. Da Marathi, harshen talakawa, ya tsara baitocinsa da ake kira abhang, abin da ya fusata wasu malaman Brahmin (ajin malaman addinin Hindu na gado) waɗanda suke ganin cewa mutumin da ba ajinsu ba bai isa ya yi wa'azi ba.

Kamfanin Prabhat ne ya fitar da fim ɗin a 1936, masu ba da umarni su ne Vishnupant Damle da Sheikh Fattelal (wanda Musulmi ne, ga mai mamaki), kuma ya sami lambar yabo a bikin fina-finai na Venis a 1937.

Sai dai ki raba tarihi da hikayar mabiya. Wurin da aka jefa rubuce-rubucensa a kogin Indrayani suka taso bayan kwana 13 ba su lalace ba, da wurin da tsuntsu Garuda ya ɗauke shi zuwa sama da ransa, duk daga labaran da mabiyansa suke bayarwa aka ɗauko su, masu fim suka nuna su tamkar abin da ido ya gani.

Ni a ganina, ƙarfin fim ɗin yana wajen matar nan da kika ambata, wato Avali, matarsa ta biyu, wadda 'yar wasa Gauri ta fito a matsayinta. Tana zagin Vitthal a fili domin ya raba mijinta da neman abinci, amma ita ce take ɗaukar gurasa ta bi shi har daji don kada ya wuni da yunwa. A fim ɗin, da Sarki Shivaji ya aiko da kyautar dukiya, Tukaram ya mayar, ita kuwa tana tsaye da 'ya'ya marasa suturar kirki tana kallon kayan suna fita daga gidan.