Cocin da ba shi da taga a ƙasa

Tambaya: Malam barka da aiki. Na ga hoton wani tsohon cocin Methodist a Bristol ta Ingila, ance shi ne ginin Methodist mafi tsufa a duniya, amma ni ban ga hasumiya ba, ban ga ƙararrawa ba, kamar gidan haya kawai. Anya coci ne kuwa?

Amsa: Yauwa ɗan'uwa, ai idonka bai yaudare ka ba. New Room ake ce masa, wato Sabon Ɗaki, kuma sunan ma ya faɗa maka komai, don John Wesley, wanda ya kafa tafiyar Methodist, da ya aza harsashinsa a watan Mayun 1739 bai ɗauke shi coci ba sam. Shi limamin Cocin Ingila ne kuma a haka ya rasu a 1791, mabiyansa ranar Lahadi cocin unguwarsu suke zuwa, nan kuma wajen haɗuwa ne na wa'azi da addu'a, ana koyar da yara, ana raba wa talakawa magani. Toh me zai yi da hasumiya?

Ginin da ka gani na 1748 ne, lokacin da aka faɗaɗa na farkon saboda ya yi musu kaɗan. In ka shiga abin da zai fara ɗaure maka kai shi ne babu taga ko ɗaya a ƙasa, haske daga sama yake saukowa ta wata ƙofar haske mai kusurwa takwas da ta ratsa benen har rufi. Dalili kuwa a zamanin ƴan Methodist ba su da farin jini, ƴan tada zaune tsaye kan biyo su da jifa, taga a ƙasa neman magana ce. Ginshiƙai shida na dutse ne suka riƙe saman, sai baranda ta kewaye ɗakin. Mumbarin hawa biyu ne, na sama na mai wa'azi, na ƙasa na mai karatu da jan waƙa, kuma ta barandar ake hawa na saman, kenan ko rigima ta ɓarke kafin ka kai ga mai wa'azin sai ka sha zagaye. Rigimar ta taɓa ɓarkewa kuwa, a 1788 da Wesley ya yi wa'azin sukar cinikin bayi, a garin da arziƙinsa ya dogara da wannan cinikin.

Ni abin da yafi burge ni shi ne saman benen. A da ɗakunan kwana ne na masu wa'azi da suke yawo gari gari a kan doki, har bargar dokin tana nan a tsakar gida. Kuma ta tagogin wannan ƙofar hasken mutum yana sama zai iya leƙo mumbari, nan Wesley kan tsaya yana sauraron sabbin masu wa'azi, kaga duk wanda ya hau ya san akwai ido a kansa.

Ginin ya bar su da bashi, sai a 1742 wani kyaftin mai suna Foy ya kawo shawara a raba jama'a rukuni rukuni na mutum 12, kowa ya riƙa bada kwabo ɗaya duk sati. Masu karɓar kwabon suna bin gidaje suna ganin halin da mutane suke ciki, daga wannan karo-karon aka samo tsarin aji na Methodist, wato ƙananan rukunai masu haɗuwa a kai a kai, wanda har yau ana yin sa a cocinansu na Najeriya da Gana.

Kujerun tsakiya masu ƙofa kamar akwati kar ka ɗauka na Wesley ne, shi benci ya ajiye, maza gefe mata gefe. Ƴan Methodist na Wales da suka sayi ginin a 1808 su suka saka su, ya zauna a hannunsu sama da shekara 100 kafin a dawo da shi hannun mabiya Wesley a gyara wajen 1930. Yaƙin duniya na biyu bama-bamai sun ragargaza unguwannin tsakiyar Bristol amma shi ya tsira, shi yasa yanzu yake a maƙale tsakanin kantunan unguwar Broadmead, in baka lura ba sai ka wuce ƙofar.