Ƙanena kullum ɗan daba yake fitowa a fim, yanzu an ce sai ya zauna da 'yan daba

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Daga Aboabo nake rubutowa, a Kumasi. Ƙanena ya yi shekara uku yana fitowa a finafinan Tuwi da na Hausa, kuma kullum ɗan daba ko yaron mai gida ake sa shi saboda girman jikinsa. Yanzu wani darakta ya ce masa in yana son fitowar ta yi kyau, sai ya riƙa zama da yaran daban da ake haya su yi gadin filaye, ya ɗan sha tramol kafin a kunna kyamara don idonsa ya yi ja. Babarmu ba ta barci. Shin akwai gaba a wannan fitowar, ko mu hana shi?

Amsa: Wa alaikumus salam, 'yar uwa. Allah ya kwantar wa Babarku da hankali. Akwai gaba a fitowar mugu, kuma sau da yawa mai ita ya fi jarumi daɗewa a sana'a, domin jarumi fuskarsa yake sayarwa, fuska kuwa tana tsufa.

Dubi Frank Vincent na Amurka. An haife shi a 1937, asalinsa makaɗin ganga ne a wuraren shaƙatawa na dare, shi da abokinsa Joe Pesci. A 1976 suka fito tare a wani ƙaramin fim, Robert De Niro ya gani ya yi wa darakta Martin Scorsese maganarsu, aka ɗauke su a Raging Bull na 1980. Vincent ya haura shekara 40 a lokacin. A Goodfellas na 1990 fitowarsa a matsayin Billy Batts 'yan mintuna ce, amma har yau ana tuna ta. Ya yi Casino a 1995, sannan daga 2004 zuwa 2007 ya zama Phil Leotardo a shirin The Sopranos, yana dab da shekara 70. Ya rasu a 2017. Kusan shekara 40 yana cin abinci da fitowar ɗan ta'adda, kuma abin da ya kai shi can kunnen makaɗi ne: ya san inda zai dakata, inda zai sassauta murya, inda zai bar shiru ya tsorata mutum. Haka Amrish Puri da muka tashi muna kallo a finafinan Indiya, ma'aikacin hukumar inshora ne da ya yi shekaru yana wasan daɓe kafin ya zama Mogambo, mugun fim ɗin Mr. India, a 1987.

Maganar daraktan nan ita ce ta ɓata min rai, domin kusan kowane mako sai na ji irinta a unguwannin Nima ko Mamobi na Accra. Wanda bai iya koyar da wasa ba shi ne yake aiken yaro wajen mai ƙwaya. Jan ido aikin mai kwalliya ne, minti biyar ya gama. Hawaye da gilisarin ake yi, jini da sikari da kalar abinci. Wanda ya sha tramol mai lamba 225 ba ya riƙe layinsa, ba ya tsayawa inda aka sa masa alama, kuma ba zai iya maimaita naushi ɗaya sau goma a wuri ɗaya ba tare da ya fasa wa abokin wasansa baki ba. Faɗan fim lissafi ne, kamar rawa. Ga kuma jijjiga irin ta farfaɗiya da ƙwayar ke kawowa in an wuce ƙima. Na taɓa ganin yaro ya faɗi a gaban kyamara yana kumfar baki, mu muka kwashe shi zuwa asibiti, wanda ya ba shi shawarar kuwa bai biya ko sidi ɗaya ba.

In ka musa wa irin waɗannan daraktocin, sai su kawo maka 'yan fim ɗin Amurka Danny Trejo da Tony Sirico, wai ai su gidan yari suka yi shi ya sa suka iya. Gaskiya ne sun yi. Amma Trejo ya bar ƙwaya tun 1968, kuma mai ba masu shaye-shaye shawara ne lokacin da ya samu fim ɗinsa na farko a 1985. Shekara 17 ke tsakani. Sirico sai da ya fito daga gidan yarin Sing Sing ya rabu da waccan rayuwar ya koyi wasa. Barin daba ne ya ba su sana'a. Abokan zamansu da ba su bari ba, wa ya san sunansu?

Zama da masu gadin fili kuma, a Gana ba wasa ba ne. Dokar 2019, mai lamba 999, ta haramta aikin, kuma hukuncinsa ɗaurin shekaru ne masu yawa. Ranar da 'yan sanda suka yi shara a wurin, babu wanda zai saurari "ni ɗan fim ne, bincike nake yi". Yaron zango ne mai ƙirar ƙarfi, kin san da wane ido ake kallonsa tun kafin ya buɗe baki. Su kansu yaran, in ka ci abincinsu sau uku, rana ta huɗu za su ce ka raka su fili. Makami ma haka: kada ya yarda a kawo wuƙa mai kaifi ko bindigar gaske wajen ɗauka. Ɗan wasa Brandon Lee a 1993 bindigar fim ce ta kashe shi, a Amurka, ƙasar da ke da ƙwararrun masu kula da makamai, balle a lungun Asawase.

Kada ku hana shi, 'yar uwa, amma ku raba shi da wannan daraktan yau, ba gobe ba. Ya nemi horon murya da numfashi, ya koyi faɗan fim a hannun wanda ya iya, ya karɓi ƙananan fitowa na direba ko uba ko ɗan sanda don daraktoci su ga yana da wata fuskar. Kuɗin aikinsa a rubuta a takarda kafin ya sa kaya. In kuma ya riga ya fara shan ƙwayar, kada a tsaya ga faɗa da rubutun sha kaɗai, kuma kada ya yanke ta dare ɗaya shi kaɗai a ɗaki. Ki kama hannunsa ku je asibitin Komfo Anokye, sashen masu kula da lafiyar ƙwaƙwalwa, ki gaya wa likita lambar da yake sha da tun yaushe.