Ɗaukar fim a kan bori: daga ina ake farawa?

Ɗan'uwa, ka tambaya yadda za ka ɗauki fim a kan wasan bori ba tare da ka ci mutuncin masu shi ba. Shawarata ita ce ka ajiye kyamara tukuna, ka je ka gaida sarkin bori ko magajiya, ka bayyana musu manufarka da inda za a nuna fim ɗin, domin akwai abin da ake yi a fili gaban masu garaya da 'yan kallo, akwai kuma girka, wato shigar da sabon mutum cikin bori, wadda sirri ce.

Jean Rouch, Bafaranshen da ya daɗe yana ɗaukar al'adun Songhai a Nijar har ya rasu kusa da Birnin Konni a 2004, yakan mayar wa mutane fim ɗinsu su gani. Da ya nuna wa masuntan garin Ayorou da ke bakin kogin Neja fim ɗin farautar dorina, sai suka ce ya cire kiɗan da ya sa, saboda kiɗa yana ƙara wa dorina ƙarfin zuciya, kuma ya karɓi gyaran. Kai ma ka nuna musu naka kafin ka fitar, musamman fuskar wanda iska ta hau, domin mutum ne mai iyali da makwabta.