Shin Ungulu Tana Cikin Tsuntsaye Mafarauta?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni malamin firamare ne a unguwar Mabera da ke Sakkwato, kuma littafin da nake koyarwa da shi ya sanya ungulu da mujiya a sahu ɗaya da shaho da shirwa, wato tsuntsaye mafarauta. Ɗalibaina sun ce ungulu ba ta farauta, mushe take ci, sannan hankaka ma yana cin nama amma ba a ambace shi ba. Da wane ma'auni ake yin wannan rabo?

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam, Allah ya ƙara basira. Ɗalibanka sun lura da kyau, sai dai masana ba su dogara da abincin tsuntsu kaɗai wajen rarrabawa, domin da haka ne, da zalɓe da shamuwa da balbela duk sun shiga, tunda kifi da kwaɗi da fara suke ci. Abin da ake dubawa shi ne ƙirar jiki da kuma dangantakar asali.

Alamomin jiki uku ne: baki mai lanƙwasa kamar ƙugiya don yaga nama, ƙafafu masu ƙarfi da farata masu tsini don cafke abin farauta, da idanu masu kaifin gani daga nesa. A nan hankaka ya fita, saboda bakinsa miƙaƙƙe ne, ƙafafunsa kuma na tafiya ne da sauka kan reshe, ba na kisa ba. Akwai kuma wani abin da ba kasafai ake lura da shi ba: a yawancin waɗannan tsuntsaye mace ta fi namiji girma.

Jinsunansu a duniya sun haura 500. Rukuni mafi girma shi ne wanda ya haɗa shirwa da gaggafa da mikiya da ungulun Afirka da shaho mai faɗin fukafukai, kuma, ban da ungulu, da ƙafa suke kashe abin da suka kama, su matse shi har ya mutu. Shirwa ce mafi sauƙin ganewa a cikinsu, domin jelarta a rabe take, kuma duk mai kiwon kaji ya san yadda take shawagi kafin ta suri ɗan tsako. Rukuni na biyu shi ne na shaho mai dogayen fukafukai masu tsini, wanda ke da ɗan tudu mai kaifi a gefen bakinsa na sama da yake karya wuyan tsuntsu da shi. A cikinsu akwai wanda gudunsa kan wuce kilomita 300 a awa idan ya sulalo daga sama, kuma babu wata dabba da ta kai shi sauri. Binciken ƙwayoyin halitta da aka wallafa a 2008 ya nuna cewa wannan rukuni ya fi kusa da aku fiye da shirwa, duk da kamannin da ido ke gani.

Mujiya rukuninta daban, mai jinsuna fiye da 200. Idanunta ba sa juyawa a cikin guraben su, shi ya sa take juya kanta har digiri 270, kuma ƙasusuwan wuyanta 14 ne, alhali na ɗan Adam 7 ne. Gefen gashin fukafukanta yana da laushi, don haka take tashi ba tare da ƙara ba. A ganina, camfin da ake jingina mata ya rufe mana ido daga amfaninta, domin ɓerayen da take cinyewa a kusa da rumbuna ba kaɗan ba ne.

Ita kuwa ungulu, gaskiya ne ƙafafunta ba su da ƙarfin riƙo kuma faratanta ba su da kaifi sosai, amma bakinta da ganinta da asalinta duk na dangin shirwa da gaggafa ne. Ta dai karkata ne zuwa ga cin mushe, jikinta kuma ya dace da wannan aiki. Sanƙon kanta yana rage mannewar ƙazanta idan ta cusa kai cikin mushe, yana kuma taimaka mata wajen rage zafin jiki, sannan ruwan cikinta yana da ƙarfin da ke kashe ƙwayoyin cuta da yawa. Ungulun nahiyar Amurka kuwa danginsu daban ne, aiki iri ɗaya ne ya sa suka yi kama.

Idan za ka nuna wa ɗalibanka ungulu da idonsu, wataƙila ka sha wuya kafin ka samu, domin wadda a da take cika mahauta da kasuwanni ta yi ƙaranci ƙwarai, har a 2015 aka sanya ta cikin jerin tsuntsayen da ke gab da ƙarewa, sakamakon guba da kuma cinikin sassan jikinta don haɗa magani. Shirwa ta fi sauƙin samu, musamman da damina, kuma ta isa ka nuna musu baki da farata da jela.