Takardar biza mai sa hannun "Minista Le Drian": a tura kuɗin ko a dakata?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ƙanena ya gama digiri yana son ci gaba da karatu a Faransa. An turo masa takarda ta WhatsApp mai tambarin Faransa da sa hannun Jean-Yves Le Drian, wai ministan harkokin waje, cewa ya samu biza da tallafin karatu, amma sai ya tura jaka 400 kafin Juma'a. Har da bidiyon ministan yana magana. Mahaifiyarmu tana shirin sayar da tumakinta. Mutumin nan minista ne har yanzu? Yana da ikon ba da biza? Mai karatu daga Maraɗi.

Amsa: Wa alaikumus salam. Malam, ka je ka hana Inna sayar da tumakin nan tukuna, sannan ka dawo ka karanta sauran.

Le Drian ba minista ba ne yau. Ya bar ma'aikatar harkokin waje a watan Mayun 2022, Catherine Colonna ta gaje shi, bayanta Stéphane Séjourné, sannan Jean-Noël Barrot daga Satumbar 2024. Duk takardar da ta fito da sunansa a wannan muƙami bayan 2022, wanda ya rubuta ta ko jarida ba ya karantawa.

An haifi Le Drian a garin Lorient na Faransa a 1947, malamin tarihi ne tun farko. Ya shiga majalisar dokoki a 1978 a jam'iyyar gurguzu, ya yi magajin garin Lorient daga 1981 zuwa 1998, ya shugabanci majalisar yankin Bretagne daga 2004. Shugaba François Hollande ya ba shi ma'aikatar tsaro a 2012, ya riƙe ta shekara biyar cur, kuma a nan ne muka san shi: farmakin sojan Faransa na Serval a Mali a Janairun 2013, sai rundunar Barkhane a Agustan 2014 mai hedikwata a Injamena. Macron ya mayar da shi harkokin waje a 2017. A Yunin 2023 ya naɗa shi wakilinsa na musamman kan rikicin Labanan. Sunan da aka yi shekara goma ana ji a rediyo kullum, shi ne jarin ɗan damfara.

Abin da ke ba ni haushi shi ne wannan tunanin da ya ƙi mutuwa, wai babban mutum a Turai yakan zauna ya zaɓi sunayen talakawa ya aika musu takarda, kamar yadda ɗan siyasa ke raba kujerun Makka. Ko yana kan kujerar, minista ba ya sa hannu a bizar kowa. Ƙaramin jakada ne ke duba takardu ya amince ko ya ƙi, bayan mai nema ya cike fom a shafin France-Visas, ya kai fasfo, an ɗauki hoton yatsunsa. Ba a ɗaukar yatsu ta WhatsApp. Ɗalibi kuma sai makaranta ta karɓe shi tukuna, a ƙasashe da yawa ta hanyar Campus France, hukumar Faransa mai kula da ɗaliban waje. Kuɗin biza sananne ne: yuro 90 na gajeren zama, yuro 99 na dogon zama, da rasit, ba a tura shi lambar wani mutum.

Bidiyon ne ya ruɗe ku, na sani. To ku ji wannan. A 2015 da 2016, yana ministan tsaro, wasu 'yan damfara sun ƙera fuskar roba mai kama da tasa, suka shirya ɗaki da tutar Faransa da hoton Hollande a bango, suka riƙa kiran attajirai da shugabanni ta Skype. Labarin da suke bayarwa: Faransa tana son fanso mutanenta da aka yi garkuwa da su, ba ta so a sani, a taimaka a asirce. Sun kwashe fiye da yuro miliyan 50, kuma cikin waɗanda suka faɗa har da attajiri Aga Khan, mai lauyoyi da akantoci jibge. A Maris na 2020 kotun Paris ta yanke wa jagoransu Gilbert Chikli, wanda aka kama a Yukiren a 2017, ɗaurin shekara 11. Wannan fa da roba aka yi, kafin manhajojin da yanzu ke kwaikwayon murya da motsin leɓe cikin 'yan mintuna. Amma har gobe za ka ji mai ilimi yana cewa "ai na gan shi da idona". Me ka gani? Fuska a allon waya. Ka lura ma da wa'adin Juma'a: an sa shi ne don kada a samu sukunin tambayar kowa.

Kuma sun san inda ƙofa take. Tun da aka rufe ofishin jakadancin Faransa a Yamai a Janairun 2024, babu tagar da ɗan Nijar zai je ya nuna takarda a ce masa ta bogi ce, sai dillalan "ina da hanya" suka cika kasuwa.

Ku duba adireshin imel ɗin da ke kan takardar. Na gwamnatin Faransa yana ƙarewa da gouv.fr, ba Gmail ko Yahoo ba, ko da yake shi ma ana iya kwaikwayonsa a rubuce, don haka kada ku amsa ta nan. Ƙanenka ya shiga shafin jami'ar da aka ambata da kansa, ya rubuta wa ofishin ɗaliban waje ya tambaya ko sunansa yana wurinsu. Idan ya riga ya tura hoton fasfo, ya sanar da 'yan sanda, domin da shi za a damfari na gaba. Ku adana lambar da saƙonnin kafin ku toshe ta.